Tirilobayit

Tirilobayit, suna, namiji. Halittar teku mai ɓawo mai tsagi uku a tsaye, dangin kunama da ƙaguwa na nesa, wadda ta bayyana kimanin shekaru miliyan 521 da suka wuce, ta ƙare ƙaf shekaru miliyan 252 baya. Mafi girman da aka samu cikakke shi ne Isotelus rex, mai tsawon santimita 72, wanda aka tono a 1998 kusa da garin Churchill na Kanada.

Ba za a samu burbushinsa a fadamar Haɗejiya ba, kuma dalilin yana cikin ƙasar. Fadamar na kan yashi da laka na kwarin Chadi, waɗanda shekarunsu 'yan miliyoyi ne kawai. Wani zai ce ai masunta da manoman rani suna tono ɓawo a bakin kogi. Gaskiya ne, sai dai ɓawon katantanwa ne da makankari na ruwan daɗi, 'yan jiya-jiya. Tirilobayit kuwa bai taɓa barin gishirin teku ba. A Afirka, sai a nufi duwatsun kudancin Maroko, inda ake sayar da shi a Alnif da Erfud, jabu ma ba a rasawa.