Daga Gidan Fatoma Zuwa Otal: Tarihin Sana'ar Saukar Baƙi a Nijeriya

Gabatarwa

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami a kan wannan batu shi ne wata tambaya da na yi wa ɗalibaina 'yan aji shida na sakandare. Na ce su faɗa mini ma'anar kalmar fatoma, aka rasa wanda ya sani a ajin kaf. Abin ya dame ni ƙwarai, domin ni a gidan fatoma na tashi. Kakana sana'arsa ke nan a Fagge, kuma har na yi wayo zaurensa bai rabu da baƙi ba. Saboda haka wannan maƙala za ta bi sawun sana'ar saukar baƙi tun daga zamanin fatake har zuwa manyan otal-otal na yau, ta duba su wane ne suka zuba dukiya a cikinta a kowane zamani, me suka nema, kuma ina dukiyar ta kwana.

Zamanin Fatake

Tun da Sarki Muhammadu Rumfa (1463 zuwa 1499) ya kafa Kasuwar Kurmi, Kano ba ta rabu da baƙin fatauci ba. Ayarin Azbinawa masu gishiri kan ya da zango a Fagge, Larabawan Gadamas da Tarabulus suka zauna a Dandalin Turawa, sannan ga fataken goro masu zuwa Gwanja. Baturen nan ɗan ƙasar Jamus, Heinrich Barth, wanda ya zo Kano a 1851, ya yi bayani mai tsawo a kan yawan baƙin da ke cika garin da rani.

To, duk waɗannan mutane a ina suke kwana? A gidan fatoma, wanda a wasu wuraren ake ce wa mai gida. Abin lura a nan shi ne, fatoma ba ya karɓar kuɗin ɗaki. Zai ba baƙo wurin kwana da abinci, ya ajiye masa kayansa a ɗakin da ɓarawo ba ya kaiwa, ya samar wa dabbobinsa turke, ya haɗa shi da dillali. Idan an yi ciniki sai ya ɗauki la'adarsa. Muhimmin aikinsa kuwa shi ne lamuni. Baƙo bai san kowa a gari ba, in ya ba da kayansa bashi, fatoma ne ya tsaya a kai, in mai saye ya gudu shi zai biya. Na sha jin kakana yana faɗa wa yaransa cewa in sunansa ya ɓaci a Agadas, to, zaurensa na Fagge ya zama kango. Wato jarinsa na gaskiya shi ne amana, ginin ƙasar kuwa bai taka kara ya karya ba.

Wannan tsari bai tsaya a ƙasar Hausa ba. Masanin nan Abner Cohen, a littafinsa na 1969 a kan Hausawan unguwar Sabo ta Ibadan, ya nuna yadda cinikin shanu da goro tsakanin Arewa da Kudu ya rataya a wuyan masu gidaje irin waɗannan. Haka nan abin yake a zangon Kumasi.

Zuwan Turawa da Bariki

Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, ba da jimawa ba cinikin gyaɗa ya buɗe. Sai ga wani irin baƙo sabo: Baturen kamfani, ɗan Kwara, malamin ofis daga Ikko ko Saliyo. Waɗannan ba su da fatoma, ba su kuma neman lamuninsa. Gwamnati ta gina wa ma'aikatanta bariki a garuruwan hakimai, inda Di'o kan sauka idan ya fito rangadi, a manyan garuruwa kuma ta yi gidajen hutawa masu kuku da boyi, waɗanda ake biyan kuɗin kwana da na abinci. A Jos, inda kuza ta tara Turawa, an buɗe otal ɗin Hill Station a 1938.

Jirgin sama shi ma ya taka rawa. Na farko ya sauka a Kano a Nuwamba 1925, kuma zuwa shekarun 1950 filin jirgin Kano ya zama zangon jiragen da ke tafiya tsakanin Turai da kudancin Afirka, suna tsayawa shan mai. Matuƙa da fasinjoji na buƙatar makwanci, kuma irin baƙin da Central Hotel da ke kan titin Bompai ya yi suna da su ke nan.

Akwai wani abu da ya faru a wannan zamani wanda har yau bai saki sana'ar ba. Ƙananan otal-otal na farko a Sabon Gari suka tashi, kuma yawancinsu giya da kiɗa da mata ne kasuwarsu. Daga nan kalmar otal ta yi baƙin jini a kunnen Bahaushe, kamar yadda kalmar bariki ta yi, har ake ce wa mutum ɗan bariki in ana son a zage shi. A ganina wannan ne ya sa attajiranmu, waɗanda ba su ji tsoron zuba kuɗi a gyaɗa da fata da motocin sufuri ba, suka daɗe suna ƙyamar wannan sana'a. Ko da suka shigo daga baya, sai ka ga sun kauce wa kalmar, suna raɗa wa wurarensu suna irin su Guest Palace.

Gwamnati Ta Zama Mai Masauki

Da 'yancin kai ya gabato, shugabanni suka ga babu inda za a sauke manyan baƙi. Kamfanin Leventis ya gina Federal Palace a Ikko, aka buɗe shi a 1960, daga baya Gwamnatin Tarayya ta saye shi. Kowace jiha daga cikin jihohi uku na lokacin ta ce ita ma ba za a bar ta a baya ba. Gwamnatin Sardauna ta yi Hamdala a Kaduna, Gabas ta yi Hotel Presidential a Inugu da Fatakwal, Yamma ta yi Premier a Ibadan. Ya kamata malamai su nuna wa ɗalibai cewa waɗannan gine-gine, kafin su zama kasuwanci, tutoci ne na alfahari.

Bayan an ƙirƙiro jihohi goma sha biyu a 1967, kuɗin man fetur kuma ya shigo a shekarun 1970, sai abin ya zama gasa. A Kano, zamanin Gwamna Audu Bako (1967 zuwa 1975), an yi otal a bakin tafkin Bagauda, an yi Rock Castle a Tiga, ga kuma Daula a cikin gari. Sakkwato ta samu Giginya, Bauchi ta samu Zaranda, Minna ta samu Shiroro. Bikin FESTAC na 1977 ya ƙara wa abin armashi: domin hawan dabar da aka yi a Kaduna aka gina Durbar Hotel, a Ikko kuma a shekarar aka buɗe Eko Holiday Inn.

Ba na cikin masu cewa wannan ɓarnar kuɗi ce tsagwaronta. Na ga amfaninsu da idona. A nan 'ya'yan talakawa da yawa suka koyi girki da lissafi da karɓar baƙi, a nan aka yi tarurrukan da suka haifar da makarantu da asibitoci. Amma akwai kuskure biyu da ya kamata a faɗa. Na farko, an gina wasu a inda babu baƙon da zai cika su, bisa zaton cewa masu yawon buɗe ido za su zo, ba su kuwa zo da yawa ba. Na biyu, babban mai sauka a otal ɗin gwamnati ita ce gwamnatin kanta, kuma ba ta cika biya a kan kari ba. Na taɓa halartar taron ƙara wa juna sani na mako guda a irin wannan otal. Manajan, dattijo mai kunya, ya nuna mini wani kundi cike da takardun bashin ma'aikatu, wasu sun shekara biyar. A ɗakina kuwa famfo ba ya zuba, da bokiti ake kawo mini ruwa. Mutumin bai saci kwabo ba, amma da me zai yi gyara? Ɗakin otal ba kamar buhun gero ba ne da za a adana a sayar gobe. Daren da ya wuce babu kowa a ciki ya tafi ke nan, albashi da kuɗin wuta kuwa ba sa jira.

Sayar da Kadarori

Farashin mai ya faɗi a farkon shekarun 1980, gwamnatin Babangida ta kawo shirin tsuke bakin aljihu na SAP a 1986, sannan a 1988 ta kafa kwamitin sayar da kamfanonin gwamnati. Otal-otal na cikin abin da aka fara sa wa a kasuwa. Federal Palace ya koma hannun kamfanin iyalan Ibru a 1992. Bayan dawowar mulkin farar hula a 1999, hukumar BPE ta sayar da kadarorin kamfanin Nigeria Hotels, ciki har da Ikoyi Hotel da Central Hotel na Kano.

Sakamakon bai zama iri ɗaya ba. Otal ɗin Nicon Noga Hilton na Abuja, mai ɗakuna kimanin 670, wanda aka buɗe a 1987, ya ci moriyar komawar gwamnati Abuja a Disamba 1991. Kamfanin Transcorp ya sayi kaso mafi tsoka a cikinsa a 2005, kuma a 2015 aka sa hannun jarinsa a kasuwar hannun jari ta ƙasa, ta yadda malamin makaranta ma zai iya mallakar ɗan abin da ya samu. Durbar na Kaduna kuwa, bayan an sayar da shi, ya faɗa cikin shari'a ta shekara da shekaru, ya zama kufai, har gwamnatin jiha ta rushe shi a Janairu 2020. Otal ɗin Bagauda ya tsira ta wata hanya dabam, domin ya zama reshen Makarantar Horar da Lauyoyi ta Nijeriya. Daula ya zama makarantar koyon aikin otal na wani lokaci, aka ba 'yan kasuwa filinsa, sannan a Yuni 2023 sabuwar gwamnati ta rushe gine-ginen da aka yi a wurin.

Kasuwar Yau

Daga shekarun 2000 zuwa yau, yawancin sabon jari na 'yan kasuwa ne, kuma ya fi taruwa a Ikko da Abuja, inda kamfanonin mai da bankuna da ofisoshin jakadanci suke. A Ikko an buɗe Four Points a 2010, Radisson Blu a 2011, Marriott na Ikeja a 2021. Mutane da yawa na zaton Turawa ne masu waɗannan gine-gine. A galibi ba haka ba ne. Ɗan Nijeriya ne ke sayen fili, ya ci bashin banki ya yi gini, sannan ya ɗauko kamfanin waje ya ba shi suna da manajoji, kamfanin ya riƙa cire kasonsa daga abin da aka samu. Idan aka saɓa, sai kamfanin ya cire allonsa ya tafi, kamar yadda InterContinental na Ikko ya koma Lagos Continental, Sheraton na Abuja ya koma Abuja Continental. Duk lokacin da na yi tunanin wannan sai in tuna kakana. Baƙon da ya taso daga Landan bai san mai ginin ba, sunan da ke kan allo ya amince wa, kuma kuɗin sunan ake biya. La'ada ce dai, sai dai yanzu ƙetare take tafiya.

A fannin doka, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a 2013 cewa rajista da sa ido a kan otal-otal hurumin jihohi ne, ba na hukumar yawon buɗe ido ta tarayya ba. Wannan ya ba jihohi dama su tsara abin yadda ya dace da su, ya kuma ba su ƙofar haraji.

Masifun da sana'ar ta sha a 'yan shekarun nan sananne ne: cutar Ebola a 2014, karayar tattalin arziki a 2016, kullen korona a 2020. Wanda ya fi ci wa masu otal tuwo a ƙwarya shi ne wuta. Baƙo ba zai biya kuɗi ya kwana cikin duhu da zafi ba, don haka dole janareto ya kwana yana aiki. A 2023 an cire tallafin man fetur aka kuma saki darajar naira, wanda ya ci bashin dala ya wayi gari bashinsa ya ninka. A Afrilu 2024 kuɗin wutar masu layin Band A ya tashi zuwa naira 225 kowane ma'auni, fiye da ninki uku. Ga kuma sabon kishiya, wato gidajen haya na kwana ɗaya ko mako, waɗanda ake kamawa ta wayar hannu.

A Arewa labarin ya ɗan bambanta. Ƙaddamar da Shari'a a Kano a 2000 ya raba otal-otal na cikin gari da cinikin giya, wanda a wasu wurare shi ne rabin riba, amma kuma ya sa magidanci ya daina jin kunyar a gan shi a harabar otal da iyalinsa. Harin 20 ga Janairu 2012 ya kori baƙin waje na tsawon shekaru. Abin da ya riƙe kasuwar shi ne buƙatar gida: taron ƙungiyoyin agaji da na siyasa, 'yan kasuwar Nijar da Chadi da Kamaru masu zuwa Kantin Kwari da Dawanau, da kuma bukukuwan aure, domin zauren taro na otal a yau kan kawo kuɗin da ɗakuna da yawa ba su kawo ba. A Disamba 2024 hukumar UNESCO ta sa hawan sallar Kano cikin jerin al'adun duniya, kuma masu otal na sa ran wannan zai kawo baƙi, in har ana yin hawan a kan lokacinsa.

Fatoma kuwa bai mutu ba. Wanda ya je kasuwar shanu ta Wudil ranar Juma'a, ko ya shiga Dawanau da kaka, zai tarar da mutanen da ke sauke baƙo, su ciyar da shi, su tsaya masa a ciniki, su karɓi la'ada. Gidan kakana dai magada sun sayar da shi, wanda ya saya ya rushe zauren ya yi shaguna takwas a ƙasa da ɗakunan kwana a sama, 'yan tireda daga Maraɗi ne ke kama su idan sun zo sari.