Werner Herzog: Bajamushen Da Ya Ɗauki Fim Ɗin Fulanin Bararo A Nijar

Werner Herzog mai shirya fina-finai ne ɗan ƙasar Jamus, wanda ya fi shahara da fina-finan tarihi da al'adu, irin waɗanda ake ɗaukar mutane cikin ainihin rayuwarsu. An haife shi a birnin Munich ranar 5 ga Satumba, 1942, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu. Ruwan bama-bamai ya sa mahaifiyarsa ta gudu da shi ƙauyen Sachrang a cikin duwatsun Bavaria, kuma bisa ga faɗarsa, sai da ya kai shekara 11 ya fara kallon fim. Ya fitar da gajeren fim ɗinsa na farko, Herakles, a 1962, kuma daga nan ya shirya fina-finai sama da 60.

Sunansa bai zama sananne ba ga masu zuwa gidajen sinima irin su Rex ta Sabon Gari da Plaza ta Fagge, inda fina-finan Indiya da na kaboyi suka ci kasuwa a da. Fim ɗin gaskiya da dattawan Kano suka sani shi ne majigi, wanda gwamnatin mulkin mallaka ke yawo da shi don koyar da tsafta da noma. Aikin Herzog ya saɓa wa wannan, domin shi bai ɗauki kansa malami ba. Mutanen da ke rayuwa a bakin halaka ne ke ɗaukar hankalinsa.

Afirka ta shiga aikinsa tun da wuri. Ya ɗauki Fata Morgana a hamadar Sahara, aka fitar da shi a 1971, kuma a wannan tafiya aka tsare shi da abokan aikinsa a Kamaru. A 1987 ya fitar da Cobra Verde, labarin cinikin bayi da aka ɗauki wani ɓangarensa a Elmina ta ƙasar Gana. A 1990 kuma ya yi fim kan mulkin Jean-Bédel Bokassa na Afirka ta Tsakiya.

Amma wanda ya fi kusa da mu shi ne fim ɗinsa na 1989 kan Fulanin Bararo na Nijar, waɗanda ke kiran kansu Woɗaaɓe. Ya nuna bikin Gerewol, inda samari ke shafe fuska da launuka, su yi jere suna rawa suna fiddo farin ido da haƙori, 'yan mata su zaɓi wanda ya fi kyau. Ya kuma nuna abin da farin shekarun 1980 ya yi musu: shanu sun mutu, makiyaya sun koma gefen gari suna neman abin sakawa a baki. Duk ɗan kasuwar Fagge, unguwar da ta daɗe tana saukar da fatake daga arewa, ya san irin fuskokin da fari ke korowa.

A nan ne gardama take. Herzog ya buɗe fim ɗin da tsohuwar waƙar coci ta Turai a kan hotunan samarin Fulani, abin da ba shi da alaƙa da bikin ko kaɗan. Da gangan ya yi. A wata sanarwa da ya gabatar a Minnesota ta Amurka a 1999, ya ce tara bayanai kawai gaskiya ce irin ta akanta, akwai kuma wata gaskiya mai zurfi da sai an yi ƙirƙira ake kai gare ta. Ya amsa da bakinsa cewa yakan shirya wasu fitowa a fina-finansa na gaskiya. Saboda haka fim ɗin ya adana hotuna masu daraja, sai dai ɗalibin tarihi da ya ɗauke shi a matsayin cikakkiyar shaida kan al'adar Woɗaaɓe zai yi kuskure. Idon baƙo ne, kuma baƙon bai ɓoye hakan ba.

A sauran ayyukansa akwai Fitzcarraldo na 1982, inda ya sa aka ja jirgin ruwa na gaske aka haye tudu da shi a dajin Peru, ya kuma sami kyautar gwarzon darakta a Cannes. A 1992 ya fitar da fim kan rijiyoyin man Kuwait suna ci da wuta bayan Yaƙin Tekun Fasha, a 2010 ya shiga kogon Chauvet na Faransa mai zane-zanen da suka haura shekara 30,000, sannan a 2018 ya fitar da hirarsa da Mikhail Gorbachev. Yana zaune a Los Angeles.