Idon Da Ke Leƙen Gida: Tarihin Wani Tsoro A Majigi

Kowa ya sani gida shi ne rufin asirin mutum. In ya shiga ya ja ƙyaure, sai ya saki jiki, yana zaton ba mai ganinsa. To, masu shirya gajerun wasannin majigi na ban tsoro sun daɗe da gane cewa ba abin da ke tayar da hankali kamar a nuna ana leƙen mutum cikin ɗakinsa, shi kuwa bai sani ba.

Abin ya samo asali tun majigi bai fara magana ba. Cikin shekarar 1909 wani Ba'amurke, D. W. Griffith, ya shirya The Lonely Villa. A ciki ɓarayi suka laɓe suna fakon gida har maigida ya fita, sa'an nan suka faɗa wa matarsa da 'ya'yanta mata uku. Maigidan ya buga mata wayar tarho, ana cikin magana suka yanke wayar.

A 1913 wata mata, Lois Weber, ta fito da Suspense, wanda tsawonsa kamar minti 10 ne. Ta raba allon kashi uku: ga matar tana waya, ga mijin yana saurare, ga ɓarawo yana shigowa. Watau mai kallo ya san abin da mutanen gida ba su sani ba, amma ba shi da ikon yi musu gargaɗi. Nan tsoron yake.

A 1977 Fred Walton ya shirya The Sitter, labarin wata yarinya mai raino da wani ya dama da waya. Da 'yan sanda suka bi sawu, ashe daga cikin gidan ake bugowa.

A 2013 kuma wani mutumin Suwidin, David Sandberg, ya yi Lights Out, wanda bai cika minti 3 ba. Duk sa'ad da matar gidan ta kashe fitila sai ta ga inuwar wani a tsaye, in ta kunna ya ɓace.

Mai karatu zai lura, waya da fitila an yi su ne don su tsare mu. Masu majigi kuwa ta nan suka bi da tsoron, don sun san in abin da mutum ya dogara gare shi ya ci amanarsa, ba shi da sauran wurin gudu.