Haɗuwar Hausawa da Turawa a Gaɓar Dahomey

Masu tarihi kan fara wannan labari daga 1824, shekarar da Hugh Clapperton, bayan ya ƙetaro Sahara, ya shiga Kano, ya wuce Sakkwato, inda Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya karɓe shi a matsayin baƙo. Amma tun kafin nan Hausawa da yawa sun ga Bature ido da ido a bakin tekun da yau yake cikin ƙasar Benin, kuma a cikin mari suka gan shi.

Turawan Fotugal sun gina ganuwarsu a Ouidah a 1721, a 1727 kuwa Sarki Agaja na Dahomey ya ci garin da yaƙi. Bayan jihadin 1804, yaƙe-yaƙe suka yawaita kamammu. Ana sayar da su hannu zuwa hannu har su iso Legas, Porto-Novo ko Ouidah, inda dillalai irin su Francisco Félix de Souza, aminin Sarki Gezo na Dahomey, ke loda su jirgi zuwa Bahia ta ƙasar Brazil. Cikinsu har da almajirai masu karatu da rubutu, waɗanda ba su taɓa ganin teku ba balle farar fata.

Ba su yarda da bautar ba. A 1807 hukumar Bahia ta gano shirin boren da Hausawa suka ƙulla, a 1814 suka tashi da makamai. A watan azumin 1835 Musulmi suka yi babban bore a birnin Salvador na Bahia, galibinsu Yarabawa tare da wasu Hausawa. Da aka murƙushe shi, aka koro mutane da dama zuwa wannan gaɓa, suka shiga cikin al'ummar da ake kira Aguda. Waɗannan mutane sun cancanci a riƙa ambatonsu kamar yadda ake ambaton matafiyan Turai.

Kwatano ta taso daga baya. Faransa ta yi iƙirarin mallakarta da yarjejeniyoyin 1868 da 1878, rigimar da ta biyo baya ta kai ga yaƙi da Sarki Behanzin na Dahomey a 1890 da 1892. Cikin rundunar Janar Dodds na Faransa akwai bataliyar da ake kira ta Hausawa. Hausawa fatake da mahauta kuwa suka kafa Zango, unguwar da babban masallacin birnin yake har yau.