SAMANJA MAZAN FAMA: MUTUMIN DA YA SA TALAKA YA YI WA KAKI DARIYA

Yau ba labarin soyayya na zo muku da shi ba, tarihin wani bawan Allah ne da ya rasu a Kaduna ranar 12 ga Nuwamba 2023 yana da shekara sama da 80, wato Alhaji Usman Baba Pategi, wanda duniya ta fi sani da Samanja Mazan Fama. Da yawa daga cikin matasan da ke karanta littattafanmu sunan kawai suka sani, wasu ma ko sunan ba su taɓa ji ba. To ni a ganina duk wanda zai rubuta tarihin wasan kwaikwayo a ƙasar Hausa ya tsallake mutumin nan, ya yi tuya ya manta da albasa.

Abin da zai ba mai karatu mamaki shi ne, Samanja Banufe ne, haifaffen Pategi da ke jihar Kwara ta yanzu, kuma ɗan gidan sarauta. Ya taso ya zo Kaduna, ya yi aiki a gidan rediyo da talabijin na Arewa wanda aka buɗe a 1962 zamanin Sardauna, sannan ya shiga aikin soja a shekarun 1960. Ke nan kakin da muke gani a jikinsa cikin akwatin talabijin ba na aro ba ne, ya san nauyinsa, ya san zafin fareti, ya san abin da ake kira gadurum. A farkon shekarun 1970 shirinsa ya fara fita daga Kaduna, daga baya, bayan an kafa NTA a 1977, ya zama na ƙasa baki ɗaya, har aka riƙa cakuɗa shi da Turancin buroka domin mutanen Kudu su ma su fahimta.

Kafin a gane girman abin da ya yi, sai an tuna yadda talakan Arewa ya ɗauki soja. Tun 1863 wani Bature mai suna Glover ya fara tara Hausawa a Ikko ya ba su bindiga. Daga irin wannan tushe rundunar Lugga ta tsiro, wadda ta ci Sakkwato a watan Maris na 1903, ta kuma shafe garin Satiru a 1906. Mu mutanen yankin Jega da Aliero da Maiyama, da muke cikin tsohuwar jihar Sakkwato har zuwa 1991 da aka ba mu Kebbi, kakanninmu da wannan labari suka san soja. Sai ga juyin mulkin 1966, sai yaƙin basasa daga 1967 zuwa 1970, inda yawan sojojin Nijeriya ya tashi daga wajen 10,000 zuwa kusan 250,000. Daga nan mulki ya zauna a hannun masu kaki har 1979, suka dawo a ƙarshen 1983 ba su sake saki ba sai 1999. A 1984 manyan mutane sun yi tsallen kwaɗo a bainar jama'a saboda sun ƙi bin layi, an kuma ɗaure 'yan jarida biyu, Tunde Thompson da Nduka Irabor, ƙarƙashin doka ta 4.

A cikin wannan zamani ne wani mutum mai gashin baki zai fito a talabijin da cikakken kaki, ya daka tsawa bariki ya ɗauka, kurata na rawar jiki, amma da zarar hafsa ya shigo sai ka ga shi ma jikinsa ya ɗauki ɓari, yana sara wa yaron da bai kai ƙanensa ba. Idan ya koma gida kuma ga rigimar cefane da ta iyali tana jiransa kamar kowane magidanci. A nan gwanintarsa take. Muƙamin samanja a tsakiya yake, yana taka na ƙasa, na sama na taka shi, kuma babu talakan da bai san wannan hali ba, daga mai unguwa har ɗan kamashon tasha.

Ina iya tunawa muna yara a Andarai, gida ƙalilan ne ke da talabijin, baƙi da fari, da batirin mota ake kunna ta, a kafa doguwar gora a ɗaura eriya. Mu yara tsawar kawai muke jira mu fashe da dariya. Amma akwai wani dattijo tsohon soja da ke zama a bayanmu, shi ba a inda muke dariya yake yi ba, sai Samanja ya karkace baki ya yi wata magana sannan za ka ji shi yana ƙyaƙyatawa har da hawaye. Sai da na girma na gane harshen yake yi wa dariya, domin harshensu ne na bariki.

Barikanci harshe ne mai tarihi. Turawa sun mayar da Hausa harshen ba da umarni a rundunarsu, sai Tibi da Angas da Zuru da Barebari da sauransu suka haɗu a bariki ɗaya suna magana da ita iya yadda bakinsu ya ɗauka. Mace ta koma "ya zo", haruffa masu lanƙwasa suka miƙe, Turanci ya shigo ta ko'ina. Ta wannan ƙofa muka samu kalmomi irin su kurtu da kofur da saje da fareti da bariki, har da ita kanta kalmar samanja. Usman Baba Pategi ya ɗauko wannan harshe da ake rainawa ya kai shi tsakar gidan malamai da sarakuna, suka saurara suna nishaɗi.

Wani zai ce ai wasan bai taɓa manya ba, a kan saje da kofur ya tsaya, janar-janar da ke juya ƙasar kuwa ko inuwarsu bai taka ba, har ma ana iya cewa ya taimaka wajen wanke soja a idon jama'a. Akwai ƙamshin gaskiya a nan, don gidan talabijin ɗin na gwamnati ne, gwamnatin kuma ta soja. Sai dai mu Hausawa mun san wasan gauta, inda ake kwaikwayon sarki da fadawansa a cikin fada sarki na kallo, mun kuma san 'yan kama da ke kwaikwayon malamai. Irin wannan wasa bai taɓa tuɓe rawanin kowa ba, amfaninsa shi ne ya tuna wa mai iko da wanda ake mulka cewa duka mutane ne. Yaron da ya yi wa kaki dariya da daddare, tsoron da zai ji idan ya gan shi a shingen hanya da safe ya ragu.

Shi da tsararrakinsa irin su Ƙasimu Yero, wanda ya rasu a 2017, da Karkuzu na Jos, da Golobo da muke kallo daga Sakkwato, su suka share filin da finafinan bidiyo suka gina a kai bayan fitowar Turmin Danya a 1990. Marigayi Rabilu Musa Ibro, da ya rasu a Disambar 2014, ya tarar da jama'ar da aka riga aka koya wa zama gaban akwati domin dariya da harshensu.

Abin da ke damuna biyu ne. Na farko, duk neman da na yi a intanet 'yan guntayen shirin kawai nake samu, alhali shekaru aka yi ana nuna shi. Ina roƙon hukumomin NTA da Rediyon Tarayya na Kaduna su duba ma'ajiyarsu, abin da ya rage a juye shi zuwa na'urorin zamani kafin faifan su lalace. Na biyu ya shafe mu marubuta. Sojan da ke cikin littattafanmu kullum kyaftin ne ko manjo, kyakkyawa, mai mota da gida a Abuja. Ina kurtun da ke kwana a daji yau yana fafatawa da 'yan bindiga, matarsa na bariki tana lissafin kwanon masara? Samanja ya nuna mana cewa a wurin irin waɗannan labari yake, kuma masu karatu za su karɓa idan aka iya faɗarsa.

Allah Ya jiƙan Alhaji Usman Baba Pategi, Ya gafarta masa kurakuransa, Ya kyautata namu ƙarshen. Amin.