Dreadnought: Jirgin da Ya Raba Tarihin Yaƙin Teku Gida Biyu

Wani mai karatu daga Zariya ya aiko da tambaya: me ya sa a labarai akan ce jirgin ruwan yaƙi kaza "ɗan ajin" wane ne? Al'adar sojojin ruwa ce. Idan aka ƙera jirage da dama bisa zane guda, akasari sunan na farinsu ake laƙaba wa duka. Can da, Turawan Ingila igwogi suke ƙirgawa, su kasa jirage sahu shida. Victory, jirgin Admiral Nelson a yaƙin Trafalgar na 1805, yana sahun farko da igwa sama da 100. Amma akwai jirgi guda da sunansa ya zarce aji, ya mamaye zamani sukutum.

A watan Oktoban 1904 Birtaniya ta ɗora Admiral John Fisher a kan rundunar ruwanta. Mutum ne mai zafin nama da kaifin harshe, ba ya jiran gobe. A lokacin, manyan jirage na ɗauke da igwogi barkatai, manya da matsakaita. Idan aka yi harbi daga nesa, harsasai su faɗa teku ruwa ya yi tsiri, mai hange daga saman jirgi ba ya gane wanne ne na wace igwa, balle ya gyara saiti. Fisher ya ce a daina gauraye.

Ranar 2 ga Oktoban 1905 aka soma aikin ƙera sabon jirgin, Dreadnought, a Portsmouth, ranar 10 ga Fabrairun 1906 Sarki Edward na Bakwai ya saki jirgin a ruwa. Don kada a ɓata lokaci, sai da aka karkatar da igwogin da aka tanadar wa wasu jirage biyu, Lord Nelson da Agamemnon. Dreadnought ya fito da igwa 10 masu bakin inci 12, yana gudun kusan kilomita 39 a awa. Daga nan duk babban jirgin yaƙi a duniya ya zama ko dai irin Dreadnought, ko kuma na kafin Dreadnought.

To, wa ya fara kawo dabarar? Masu kambama Fisher na cewa tasa ce. Tarihi bai goyi bayansu ba. Tun a 1903 injiniyan Italiya, Vittorio Cuniberti, ya wallafa tsarin jirgi mai manyan igwogi zalla, bayan ƙasarsa ta ƙi ɗauka. Japan ta soma ƙera Satsuma a watan Mayun 1905, wata biyar kafin Ingila, sai ƙarancin manyan igwogi ya tilasta mata gauraye. Amurka ma ta amince da ƙera South Carolina a 1905, amma bai fara aiki ba sai 1910. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi: wasu suka yi tunanin, sunan ya tafi ga wanda ya fara gamawa.

Wasu kuma sun zargi Fisher da zubar da fifikon ƙasarsa, tunda ya mayar da tulin jiragenta tsohon yayi, ya ba Jamus damar shiga tsere, har ta soma ajin Nassau a 1907. A nan ina bayansa. Canjin na tafe ko da shi ko ba shi, kuma gara ya same ka a gaba.

Dreadnought kansa bai halarci yaƙin Jutland na 1916 ba. Nasararsa ɗaya ita ce banke jirgin ƙarƙashin teku na Jamus, U-29, a watan Maris na 1915. A 1921 aka sayar da shi don a farfasa. Basirar ta mutane da yawa ce, amma himmar ta Fisher ce, kuma himmar ce ta ci sunan.