Lissafin Yiwuwa Mai Sharaɗi a Tarihin Wasan Besbol



Maƙasudin wannan lacca shi ne mu bi sawun wani reshe na ilmin lissafi, mu ga yadda ya shiga filin wasa a Amurka. Reshen kuwa shi ne yiwuwa mai sharaɗi, wato auna yiwuwar aukuwar wani abu bayan an san wani abin ya riga ya auku. Wani limamin Kirista na Ingila, Thomas Bayes, yana cikin waɗanda suka kafa tushensa. Ya rasu a 1761, abokinsa Richard Price ya fitar da rubutunsa a 1763.

A wasan besbol, mai jifa yakan wurga ƙwallo, mai bugu ya tare ta da sanda. In mai jifa ya ci shi sau 3, mai bugu ya fita. In kuwa ya yi ɓataccen jifa sau 4, mai bugu ya wuce zangon farko kyauta. Saboda haka kafin kowane jifa, ɗayan matsayi 12 ake ciki, wato ɓatattu daga 0 zuwa 3, ci kuma daga 0 zuwa 2. Wanda ya ɓata uku bai ci ko ɗaya ba, tilas ya miƙo ƙwallo sosai, mai bugu kuwa ya san haka. Wanda ya ci biyu bai ɓata ba, yana da sararin yin jifa mai lanƙwasa don yaudara. Mutum ɗaya ne, hannu ɗaya, amma sharaɗi ya sāke yiwuwa.

'Yan wasa sun daɗe da sanin wannan a aikace, sai dai ba a rubuce ba. A 1947 Branch Rickey, shugaban ƙungiyar Brooklyn Dodgers, ya ɗauki Allan Roth aikin ƙididdiga. Roth ya riƙa rubuta kowane jifa, yana rarrabe sakamako bisa matsayi, da kuma ko mai jifa bahago ne ko badame. A 1963 wani masani ɗan Kanada, George Lindsey, ya buga nazarin makin da ake sa ran ci a kowane hali, gwargwadon waɗanda ke kan zanguna da waɗanda aka fitar.

Amma akwai tarko. Alƙaluma sun nuna ƙwazon masu bugu yakan faɗi ƙwarai bayan an ci su sau biyu. Wani sai ya ce tsoro ne. Alhali babban dalili shi ne, a wannan matsayi kaɗai ne kuskuren bugu guda yake fitar da mutum; a sauran, jifa kawai ake ƙarawa, ba a lissafa masa faɗuwa.

Darajar sanin sharaɗi ta fito fili a 2017, lokacin da 'yan Houston Astros suka yi amfani da kyamara suna satar alamun abokan karawarsu, suna buga kwandon shara don sanar da mai bugu irin jifan da ke tafe. A 2020 aka ci ƙungiyar tarar dala miliyan 5.

Daga ƙarshe, ga ɗalibi da ma'aikacin da ake ɗora wa alƙaluma a tebur, abin lura shi ne: kafin ka yanke hukunci da adadi, tambayi a wane hali aka ƙidaya shi, da kuma abin da aka bari ba a ƙidaya ba.